Idon da Aka Kafa wa Inna

Mai taya, ɗan kasuwa mai shagon tayoyin mota, ya kafa kyamara a ɗakin uwarsa, ya bar ta ba makulli. Laifin ke nan, ba kwana-kwana. Duk abin da ya biyo baya daga nan ya fito.

Inna na kwance tun da ɓarin jikinta na hagu ya shanye. Hannu ya mutu, ƙafa ta mutu, baki ya ɗan karkace, magana na fita da nauyi kamar ana jan buhu a ƙasa. Amma kanta ras yake. Tana gane mai shigowa da takunsa, tana sanin in an rage mata sukari a shayi. Ɗakinta na ƙarshen baranda: gadon ƙarfe, katifa mai leda, fo a ƙarƙashin gado, taga ɗaya mai kallon katangar maƙwabta. Surukarta, matar Mai taya, ita ke juya ta, ita ke wanke ta, ita ke kwashe abin da ya fita.

Ranar da aka zo kafawa, Inna na kallo mai haɗawa ya hau kujera yana huda bango a saman ƙofa.

"Wannan kuma mene ne?" ta ce.

"Ido ne, Inna," in ji ɗanta. "Ina shago ina ganinki a waya. Ki yi tari in ji, in yi magana ki ji ni."

"Daga shagon naka zuwa nan tafiyar kwana nawa ce?"

Ya yi dariya. "Kin ji Inna da tsiya. Kasuwa ba ta jiran mutum."

"A nan ake yi mini wanka."

"Daga ni sai Auta ke iya dubawa. Kuma wane ɗa ne zai kalli uwarsa tana wanka? Haba, Inna."

Mai haɗawa ya sauko yana kaɗe hannu. "Maigida, saura a canza lambar sirri. Wadda ta zo da ita daga kamfani kowa ya san ta."

"Bar ta haka. In ka canza mantawa zan yi, in dawo ina nemanka kana ja mini rai. Wa ya damu da ɗakin tsohuwa? Banki ne?"

Mutumin ya ɗaga kafaɗa ya tattara kayansa.

Ga abin da Mai taya bai tsaya ya ji ba. A intanet akwai wurin bincike wanda ba labari ake nema a cikinsa ba, kyamarori ake nema. Duk wadda aka jona aka bar ta da lambar kamfani, zaƙulo ta yake ya jera, kamar gidajen da aka fita aka manta ba a kulle ba. Mutum na zaune a ƙasar da ba ka taɓa jin sunanta ba, ko a bayan layinku, ya danna, sai ga shi a ɗakinka. Ba sallama, ba tuɓe takalmi.

Shi kuwa dalilinsa biyu ne, kuma bai faɗi ko ɗaya ba. Bai yarda matarsa na kula da tsohuwar yadda ya kamata ba, sannan ba ya son warin ɗakin. Daga ranar ya daina shigowa. Da azahar sai abin ya yi ƙara, muryarsa ta fito daga bango: "Inna. Inna. Kin ci abinci?" Ta ce ta ci. Ya ce to madalla. Shi ke nan, an gaida uwa.

Inna ba matar da za a yi wa haka ba ce. Da ƙarfinta, ita ake kira in mace ta rasu a unguwa, ita ke yi wa gawa wanka. Ta ga jikin mata iri-iri, mai tabon duka, mai ciwon da aka ɓoye, ba wanda ya taɓa jin ko kalma a bakinta. Ko gawa ba ta yarda a yaye mata zane. Takan ce wanda ba ya iya rufe kansa, shi ya fi kowa haƙƙin a rufe shi.

Wani hantsi ana yi mata wanka abin ya fara. Surukar ta zaunar da ita a kujerar roba, ta zare mata riga, ta juya wa ƙofa baya tana cuɗa mata kafaɗa. Inna na fuskantar ƙofa. Sai ta ji wani ɗan sauti, ƙirrr, kamar ƙwaro a cikin gwangwani. Kan kyamarar, da ke kallon gado, ya juyo a hankali. Ya sunkuyo. Ya tsaya a kanta.

"Rufe ni," ta ce.

"Yanzu za mu gama, Inna."

"Rufe ni na ce! Abin can ya juyo."

Surukar ta waiga, ta ja tsaki ƙasa-ƙasa. "Baban yara ne. Ni yake dubawa, ko ina dukanki."

Inna ta ji kamar an watsa mata ruwan sanyi. Da azahar da muryar ta fito, ba ta amsa maganar abinci ba.

"Kai ne ka juyo abin nan ɗazu ana mini wanka?"

"Subhanallahi! Inna, ni? Ɗazu ina kan sauke kaya, ko wayar ban taɓa ba."

"To wa ya juya shi?"

"Inji ne, yakan motsa da kansa. Ki daina sa wa ranki."

Ta so ta yarda. Amma injin da ke motsi da kansa ba ya sanin lokacin wanka. Wannan ya sani. Da an shigo da bokiti, sai ƙirrr.

Sai murya ta biyo baya. Kullum bayan azahar surukar kan fita ɗauko yara daga makaranta, gidan ya yi tsit, rana na dukan taga. A wannan tsakanin ne Inna ta fara jin numfashi daga bango. Numfashin namiji, mai cin wani abu yana taunawa. Washegari dariya ce, ta mutum biyu, da wani yare da ba ta taɓa ji ba. Wata rana fito aka yi mata, irin wanda ake yi wa kare. In surukar na nan, shiru suke yi. Sun san wadda za ta iya tashi ta zare waya, sun san wadda ba za ta iya ba.

Ranar da ta fi tsaya mata a rai, kiranta aka yi.

"Inna. Inna."

Yadda ɗanta ke yi, har da ɗan jan da yake yi a na biyun. Ta ce, "Na'am." Sai aka fashe da dariya. Sun saurare shi ne har suka haddace.

Ta gaya wa surukar. Matar ta tsaya da tsintsiya a hannu, ta kalli bango, ta kalli tsohuwar. Ba muguwa ba ce, gajiya ce ta cinye ta. Ita ma ta tsani abin, don tun da aka kafa shi ba ta isa ta zauna a bakin gado ta huta ba. Ta ɗauki tawul ta yafa masa. Ba a jima ba wayarta ta yi ƙara, har Inna na jiyo ihun daga inda take.

"Me kike ɓoyewa? Me kike mata da ba kya so in gani?"

"Ita ce ta ce tana jin maganar mutane a ciki."

"Ke kuma kika biye mata! Cire tawul ɗin nan kafin in zo gidan."

Ta cire. Ta ce, "Inna, ki yi haƙuri. In na matsa, cewa zai yi ina da abin ɓoyo. Aurena za ki kashe mini."

Da yamma Mai taya ya zo, ya tsaya a bakin ƙofa, ƙafa ɗaya a ciki ɗaya a waje.

"Inna, ba kowa a ciki. Na'ura ce. Ni na saye ta, ni na san ta."

"Suna kirana da muryarka."

"Kin ji ko?" ya ce da matarsa, kamar Inna ba ta wurin. "Dama likita ya ce ciwon nan yakan taɓa ƙwaƙwalwa."

Washegari aka ƙaro wata ƙaramar ƙwaya a cikin magungunanta. In ta sha sai jikinta ya yi laƙwas, harshe ya ƙara nauyi. Muryoyin ba su tafi ba. Ƙarfin amsa musu ne ya tafi.

Auta, 'yarta da ke aure a wani gari, ta zo dubiya. Ta zauna a bakin gado tana matsa mata ƙafa tana hawaye. Inna ta kama mata gefen mayafi da hannun da ke aiki.

"Ki ce da yayanki ya cire abin can."

"Inna, in an cire ta ina zan riƙa ganinki? Kullum sai na duba ki kafin in ɗora tukunya. Da ba don ita ba da hankalina bai kwanta ba."

"Ba ke kaɗai ke dubawa ba."

Auta ta share ido, ta leƙa baranda inda yayanta yake tsaye. "Yaya, anya ba iska ba ce? Ɗakin nan ya daɗe a rufe kafin a sa ta."

"Ni dai na ce tsufa ne. Amma ki yi abin da kika ga ya dace."

Aka kawo ruwan addu'a aka yayyafa a kusurwa huɗu, aka turara ɗakin har Inna na tari. Kyamara na sama tana kallon hayaƙin. Auta ta koma gidanta da kwanciyar hankali, ta yi abin da ya dace.

Tun da ba mai cire mata idon, Inna ta yanke shawarar hana shi abin kallo. Ta ce ba za ta ƙara wanka ba. In an shigo da bokiti sai ta damƙe wuyan rigarta, ta haɗe haƙora. Ta rage cin abinci, ta rage shan ruwa, don kada a riƙa ɗora ta a fo. Leɓenta ya tsage. Bayanta ya fara ja, ya saɓule, gyambo ya buɗe a inda ƙashi ke gugar katifa. Ɗakin ya ƙara wari, Mai taya ya ƙara nisa da ƙofa.

"Ki yi mata ko ba ta so," muryarsa ta ce daga bango. "Mutane su zo su ce mun bar uwarmu cikin ƙazanta?"

"Ba ta yarda. Ƙarfi gare ta a hannun nan."

"Kira matar maƙwabci ta riƙe miki."

Haka aka yi. Ɗaya ta riƙe hannun, ɗaya ta zare rigar. Inna na cewa, "Ku juya ni bango, ku juya ni bango kawai," amma maganar ta fito a cakuɗe, ba wadda ta tsaya ganewa. Matar maƙwabci na cewa, "Allah sarki, tsufa. Mace mai tsabta irin Inna." Ta saman kafaɗunsu Inna ta ga kan abin ya juyo, ya sunkuyo. Ta rufe ido. Ta tuna matan da ta wanke, yadda takan sa hannu ta ƙarƙashin zane ba tare da ta ɗaga shi ba. Gawa ta samu abin da ita mai rai ba ta samu ba.

Har ta fara tunanin ko su ne da gaskiya. Wataƙila kan ne ya taɓu. Mahaukaci ai ba ya sanin ya haukace. Tana cikin wannan, wata la'asar gidan ba kowa, aka yi gyaran murya a bango, aka ce da Hausa tsantsa:

"Tsohuwa, yau ba wanka ne? Tun ɗazu muke jira."

Muryar saurayi ce, mai lafiya, mai nishaɗi. Ba daga wata ƙasa ba. Irin wanda zai iya wucewa ta ƙofar gidan ya gaida ɗanta.

"Ɗan wane ne kai?" ta ce. "Ba ka da uwa?"

"Kai, tana magana!" ya ce da wani. Suka yi dariya.

Daga ranar ta san cewa kanta lafiya lau yake. Wannan ya fi haukar ciwo.

Kwanciya ta koya mata halin abin sarai. Ta ga yana juyawa dama ya kai taga, yana juyawa hagu ya kai durowa, yana sunkuyowa ya kai ƙafar gado. Amma ba ya iya kallon ƙarƙashin kansa. Lungun bayan ƙofa, inda ake jingine tsintsiya, nan ne kaɗai wurin da ya rage nata a duniya.

Ta jira surukar ta fita ɗauko yara. Ta kama ƙarfen gado da hannun dama, ta ja jikinta zuwa baki. Ɓarin da ya mutu ya riga ta sauka. Ta ji ƙugunta ya yi ƙas a kan siminti, zafi ya hau har ƙwaƙwalwa, amma ba ta yi ihu ba. Da gwiwar hannu ta riƙa ja, tana hutawa, tana ja, har ta kai lungun. Ta jingina kai da tsintsiya.

A samanta abin ya shiga nema. Ƙirrr zuwa taga. Ƙirrr zuwa durowa. Ya sunkuyo ya ɗaga.

"Ina ta shiga?" in ji muryar.

Inna ta ja zane ta rufe gwiwa. Gumi na zuba, ƙugu na ci kamar wuta, amma rabon da ta ji sauƙi irin wannan tun ranar da aka huda bangon. Mai taya kuwa, wanda ya sayi ido don irin wannan rana, yana can yana ciniki. Bai duba ba. Surukar ce ta turo ƙofa ta ji ta tokare da mutum.

Likita ya ce ƙashin ya karye, kuma jikin ba zai ɗauki aiki ba. Aka dawo da ita gadon nan dai, ƙarƙashin idon nan dai. Mai taya ya ce da masu dubiya, "Kun ga amfanin kyamarar ke nan, dole a riƙa sa mata ido. Hankalin ya gushe."

Sai dai a wannan karon kunyar mutane ta sa ya shigo ciki. Ranar da masu dubiya suka watse, ya zauna a kujerar robar da ake mata wanka, a can gefen durowa. Wayarsa na aljihu. Matarsa na kicin. Inna ta ji ƙirrr, ta ga ɗanta ya ɗaga kai.

"Inna. Inna."

Muryarsa ce, har da jan. Shi kuwa bakinsa a rufe.

Ya miƙe tsaye. Kan abin ya juyo ya same shi. Aka ce, "A'a, yau da baƙo," aka yi dariya. Mai taya ya laluba aljihu ya ciro wayar, ya kalle ta, ya kalli bango. Ya hau kujerar ya fizge abin da hannu biyu, har siminti na zubowa.

Aka kira mai haɗawa. A gaban gadonta suka yi maganar, don sun saba ɗaukarta kamar durowa. Mutumin ya danna wayarsa ya miƙa masa.

"Ga wurin. Ka ga, gidaje ne jere, shaguna, ɗakunan yara. Duk wanda ya ga dama shiga yake. Taka ta mutu yanzu, amma ga abin da suka ɗauka suka ajiye."

Mai taya ya kalla, ya kawar da kai da sauri. "Goge shi."

"Ba a wurina yake ba, maigida. Yana hannun duk wanda ya sauke."

"Kai ka cuce ni! Me ya sa ba ka gaya mini ba?"

"Na gaya maka. Ka ce ba banki ba ne."

Ya juya kan matarsa da ke bakin ƙofa. "Ke kuma kina gidan nan kullum, ba ki taɓa ji ba?"

"Na rufe shi da tawul," ta ce. "Ka tuna abin da ka ce mini?"

Da ya buɗe baki, cewa ya yi, "Maganar nan kada ta fita. Ko Auta kada a gaya wa. Mutuncin gidan nan ne."

Mutuncin gida. Na Inna an riga an raba shi kyauta.

Da suka fita ya dawo shi kaɗai. Ya durƙusa a bakin gado, abin da bai yi ba tun tana da lafiya. Ya ce, "Inna."

Ta ja zane da hannun dama ta rufe fuska.

"Inna, ni ne. An cire. Wallahi an cire. Ki yafe mini."

Ta ji shi. Ta san shi ne, ga warin roba da mai a rigarsa. Ta so ta amsa. Amma ta taɓa amsa wannan kiran aka yi mata dariya, kuma jikinta ya riƙe abin da zuciyarta ke son saki. Duk lokacin da ya ce Inna, sai hannunta ya nemi zane. Surukar in ta yi magana tana amsawa. Jikoki in sun shigo tana shafa kansu. Shi kaɗai ne muryarsa ta zama ta bango.

Ya riƙa zuwa kullum bayan nan, safe da yamma, ya zauna, wari bai ƙara damunsa ba. Ya koyi shigowa ba tare da ya kira ta ba. Gyambon bai warke ba, ƙugun bai haɗu ba, ba ta kuma ƙara cin abin kirki ba. Wata safiya surukar ta shigo da shayi ta tarar rai ya yi halinsa, zane a kan fuska, hannu na riƙe da gefensa.

Matan da suka zo wankanta, yawanci ita ta koya musu. Suka rufe taga, suka tura ƙofa, suka riƙe zane a kanta yadda ta nuna musu. Kafin a zuba ruwa surukar ta ce a dakata. Ta hau kujerar roba, ta yagi tsumma, ta cusa a ramukan da ke saman ƙofa ɗaya bayan ɗaya. Matan suka kalli juna, ba wadda ta tambaya.

An rufe Inna ruf a wannan wankan. Sauran wankan nata suna can a wayoyin mutanen da ba su san sunanta ba, ba kuma mai tsumman da zai toshe su. Mai taya na zaune a waje yana karɓar gaisuwa, ana ce masa Allah ya saka, ya kula da uwarsa har da na'ura. Yana cewa amin. Kalma ta ƙarshe da uwarsa ta amsa kiran muryarsa da ita, "na'am" ce, kuma ba shi ta ce wa ba.